Kukan da Aka Sa Inna Ta Maimaita

Abin da Darakta ya yi wa uwarsa zalunci ne, ko da wane suna masu yabonsa suka kira shi. Bai zage ta ba, bai hana ta magani ba, ko tsawa bai taɓa daka mata ba. A durƙushe ya yi mata shi, cikin ladabi, hannunta a cikin nasa.

Inna ta tsufa, ciwon mantuwa ya kama ta. Takan tuna launin rigunan da ta saya wa 'ya'yanta suna ƙanana, amma a ba ta shayi yanzu, kafin a wanke kofin ta ce yau ba wanda ya kula ta. 'Ya'yanta uku. Babban, wanda take kira Dogo, makanike ne, ya rasu bara bayan gajeriyar jinya. Na tsakiya shi ne mai shirya fim. Duniya tana ce masa Darakta, ita kuwa Ƙarami take ce masa tun lokacin da shi ne ƙaramin. Sai Auta, tela, wadda ta kwaso keken ɗinkinta ta kafa a falon gidan don idonta ya zauna a kan tsohuwa.

Mutuwar Dogo ta ƙi zama a kan Inna. Ranar da aka faɗa mata ta yi kuka har ta suma, washegari ta tashi tana tambaya ko ya karya kafin ya fita. Likita ya ja Auta gefe ya ce kada a ƙara gaya mata.

"Duk lokacin da ta ji, ji na farko ne a wurinta," in ji shi. "Zuciyarta ba za ta ɗauka ba."

Daga nan gidan ya sami tsarinsa. Da yamma, idan rana ta sauko kan labulen falo, Inna takan ɗago kai daga kujerarta.

"Auta, Dogo bai dawo ba?"

"Yana gareji, Inna. Aiki ya yi masa yawa."

"Yaron nan da son ƙarfe. Da ana auren inji da tuni mun sha biki. A rufe masa abincinsa."

Auta takan tashi ta rufe. Ƙaryar tana ci mata rai, amma Inna tana cin abinci, tana tsokanar masu kawo ɗinki, tana barci kamar jaririya.

Shi Darakta da kayan gidansu ya yi suna. Fim ɗinsa na farko a kan shagon gyaran agogon mahaifinsu ya yi shi. Na biyu a kan shekarar da mai gida ya watso musu kaya waje, kuma a ciki har fitsarin kwancen da Auta ta yi tana yarinya sai da ya saka. Ta zauna a cikin 'yan kallo tana jin ana ƙyaƙyata dariya. Duk hirar da aka yi da shi maganarsa ɗaya ce: shi ba ya ƙirƙira, gaskiyar gidansu yake ɗauka.

Wata yamma ya zo gaisuwa, tambayar ta faɗo a gabansa. Auta ta ba da amsarta, ta juyo, sai ta ga yayanta ya daina shan ruwan da ke hannunsa. Yana kallon Inna, yana kallon hasken da ke kan labule, ya kanne ido ɗaya.

Ba a daɗe ba ya dawo da mutum biyu, mai kyamara da mai ɗaukar sauti. Ya ce zaman Inna zai ɗauka, hirarta da dariyarta, don jikoki su sami abin gani. Auta ta ji daɗi. Da kanta ta goge wa Inna koriyar rigarta mai ƙananan furanni. Aka kafa fitilu, aka kashe firji saboda gurnaninsa, aka ce keke ya huta. Inna ta sami abokan wasa.

"Kai mai leƙe ta rami," ta ce wa mai kyamara, "ba a koya maka kallon mutane da ido biyu ba ne?"

Kowa ya yi dariya, har Darakta.

Kwanaki kaɗan aka yi a haka. Rannan da rana ta fara sauka, ya matso kusa da Auta ya rage murya.

"In ta yi tambayar nan, ki yi shiru. Ni zan amsa."

Ta ɗauka zai ce yana gareji. Inna ta yi tambayarta. Darakta ya taka a hankali ya durƙusa a gabanta, ya kama hannunta.

"Inna, ki yi haƙuri. Dogo ya rasu."

"Wane Dogon?"

"Naki."

Ta shiga laluben takalminta da ƙafa, tana so ta tashi ta je inda yake. Sai ta ce, "Yaushe? Me ya sa ba a tashe ni ba?" Sannan kukan ya zo, daga can ƙasan ciki, irin wanda Auta ta ji bara ta roƙi Allah kada ya sake jiyar da ita. Auta ta zabura za ta rungume ta, ta ga hannun yayanta ta baya yana yi mata alama ta tsaya, kada ta shiga hoto. Ta ture hannun ta wuce.

Sai da Inna ta gaji ta yi barci Auta ta same shi a kicin.

"Yaya, me ka yi haka?"

"Gaskiya na faɗa mata. Ke ce kike shirga mata ƙarya safe da yamma, amma ni kike tuhuma."

"Likita ya hana."

"Likita jiki ya sani. Uwa tana da haƙƙin ta yi kukan ɗanta." Ya wanke hannu, ya goge da tawul. "Kuma sau ɗaya ne. Gobe war haka ta manta."

Ta manta ɗin. Washegari ta tashi da kumburarren ido tana tambaya ko sauro ne ya cije ta.

Amma da suka kalli abin da aka ɗauka, mai sauti ya cire abin kunnensa ya ce akwai matsala. Daidai lokacin da Inna ta ce "Wane Dogon?" wani babur ya wuce ta bakin taga ya cinye maganar. Darakta ya saurara, ya sake saurara. Sai ya faɗi kalmar da bakinsa ya saba da ita a wurin aiki, wadda yake faɗa wa 'yan wasa in sun yi tuntuɓen harshe.

"A sake."

Auta tana tsaye a ƙofa da kwanon magani. Ta ɗauka ba ta ji daidai ba.

"A sake me?"

"Ke ba ki san aikin nan ba," ya ce, bai ko juyo ba. "Ba a gina fim a kan ɗauka ɗaya."

Ta ce ba za a sake ba, in dai tana numfashi. Ya ce to, ya ji. Ranar da ta fita sayen zare, ta dawo ta tarar da fitilu a kunne, Inna cikin koriyar riga, tana dukan cinyarta da tafin hannu tana kiran sunan ɗanta. Wannan karon sauti ya fita tas. Sai dai kyamara tana nesa, ba a ga idon sosai ba. A sake, a matso kusa. Da aka matso, gajimare ya rufe rana, hasken bai dace da na farko ba. A sake. Sai kuma hannuwan, yadda suke rawa a kan cinya, Darakta ya ce in babu su fim ɗin ba shi da rai.

Ya koyi lokutan fitarta kamar ɓarawo. Ranar karɓo magani, ranar kai ɗinki, har shigarta wanka. Mabuɗin gidan yana aljihunsa, don shi ya kama hayar.

Auta ta ɗauki ƙafa ta je wurin Kawu, ƙanen Inna, wanda shi kaɗai ya rage babba a dangi. Ta same shi a kan kujerar roba a ƙofar gidansa yana yanke farce. Ya saurare ta har ta gama.

"To ai ɗanta ne," ya ce. "Ba bare ba ne ya shigo da kyamara."

"Kawu, kuka take yi har numfashinta ya sarƙe."

"Tana tunawa washegari?"

"A'a."

"To kin gani. Abin da mutum bai tuna ba, ai kamar bai faru ba ne. Ni an taɓa yi mini tiyata, aka ce na yi ta ihu, har yau ban san an yi ba." Ya hure farcen daga gwiwarsa. "Yaron nan shi yake riƙe da asibitinta. Kuma sunan 'yar'uwata zai shiga duniya. Ku mata komai sai kun sa tausayi a ciki. Ki bar shi ya gama, ki samu lafiya."

Ta dawo gida ta ɗauke koriyar rigar, ta cusa ta a ƙasan buhun ƙyallaye. Ta riga ta gane cewa in rigar ta canza, sabon hoto ba zai haɗu da tsoho ba. Darakta ya zo ya nema bai samu ba.

"Ina rigar?"

"Ta yage."

"Tela ce a gidan, riga ta yage." Ya yi murmushi. "Auta, Auta. Tun kina yarinya ba ki iya ƙarya ba, sai a kan Inna kika ƙware."

Ya ciro hoton rigar daga cikin fim, ya kai wa wani tela a kasuwa. Aka ɗinko wata, har furannin.

Abin da Kawu bai sani ba, shi ma Darakta bai so ya sani ba, Auta ce take kwana da shi take tashi da shi. Labarin yana gogewa daga kan Inna, amma ciwon ba ya tafiya tare da shi. Ta daina tsokanar masu kawo ɗinki. A kawo abinci ta jujjuya cokali ta ture. Zoben da ke yatsarta ya fara zamewa da kansa. Takan zauna ta dafe ƙirji tana kallon bango.

"Auta, an yi mutuwa ne a gidan nan?"

"A'a, Inna."

"To me ya danne ni haka? Ji nake kamar na ajiye wani abu mai nauyi na manta inda na sa shi."

Wani lokaci hawaye ne kawai zai riƙa zuba, ta sa hannu ta taɓa, ta dubi yatsunta da mamaki. Tambayar yamma ma ta canza. Da, da fara'a take yin ta. Yanzu sai ta yi ta juya ta a baki, ta kalli ƙofa, ta kalli Auta, sannan ta yi ta a hankali kamar mai tsoron amsa.

Da likita ya auna jininta ya ajiye abin awon ya dubi Auta.

"Wa yake tayar mata da hankali?"

Ta faɗa masa komai. A gabanta ya kira Darakta a waya, ya ce masa in aka ci gaba, wata rana kukan ba zai tsaya a kuka ba. Tana jin muryar yayanta daga cikin wayar, mai taushi, mai ladabi. Ya gode, ya fahimta, shi ma abin yana damunsa fiye da kowa, ai uwarsa ce. Da yamma Darakta ya kira ta.

"Kin kai ƙarata wurin likita. Ba komai. Ɗauka ɗaya ta rage, ta ƙarshe. Fuskata nake so a gani ina faɗa mata, don kada a ce na ɓoye kaina a bayan kyamara. Ni ma ina shan wahalar abin nan, Auta. Kina tsammani daɗi nake ji?"

"To ka bari mana."

"In na bari yanzu, duk kukan da ta yi a baya ya tafi a banza. Haka kike so?"

Ta kashe wayar. Ta kira kafinta ya sa sakata ta ciki, ta daina fita ko'ina. Maƙwabciya ce take karɓo mata magani.

Ranar da ya zo ya ji ƙofa a rufe, bai yi faɗa ba. Ya tafi ya dawo da Kawu.

"Buɗe ƙofar nan," in ji Kawu daga waje. "Ni za ki bari a tsaye a titi mutane suna kallo? Gidan 'yar'uwata ne. Ya rantse mini wannan ce ta ƙarshe, ni ne shaida."

Inna ta jiyo muryar ƙanenta ta ce a buɗe masa, rana tana dukansa. Auta ta tsaya da hannu a kan sakata. Ba ta iya yi wa uwarta bayanin dalilin rufewar ba tare da ta faɗi abin da take ɓoyewa ba. Ta buɗe.

Suka shigo da kayansu. Mai kyamara bai yarda sun haɗa ido da ita ba. Aka kashe firji, aka kunna fitilu. Auta ta jawo kujera ta zauna jikin Inna, ta riƙe kafaɗarta.

"Ba zan tashi ba. In za ka ɗauka, ka ɗauka da ni."

Darakta ya duba ta cikin kyamara, ya ce hakan ma ya yi kyau.

Rana ta sauko kan labule. Inna ba ta yi tambaya ba. Aka jira, ba ta yi ba. Darakta ya gyara wuyan rigarsa, ya taka a hankali, ya durƙusa, ya miƙa hannu zai kama nata.

Ta janye hannun ta ɓoye a ƙarƙashin mayafi.

"Auta, wane ne wannan?"

"Ƙarami ne, Inna."

"A'a." Ta ƙara matsowa jikin Auta. "Na san Ƙaramina. Wannan mutumin ba ya zuwa da alheri. Ban san abin da ya yi mini ba, amma na san shi. Ce masa ya tafi. Kada ki bari ya buɗe baki."

"Inna, ni ne," in ji Darakta. "Dube ni da kyau."

Da ta ji muryar sai ta toshe kunnuwanta da hannu biyu, ta cusa fuska a ƙirjin Auta kamar yarinyar da ta ga kare. Tana cewa a fitar da shi, a fitar da shi, har muryarta ta dushe. Ko a wannan halin, sai da Darakta ya waiwaya ya duba ko kyamara tana ɗauka. Auta ta ga waiwayen, kuma ba ta taɓa yafe shi ba.

Kyamarar a kashe take. Mai ita ya riga ya rufe mata ido, yana naɗe waya. Kawu ya ce bari ya je, yana da baƙi a gida.

A bakin ƙofa Darakta ya ce wa Auta kada ta damu, gajiya ce, gobe ta manta.

Washegari ya zo shi kaɗai, ba kyamara, da ledar lemo a hannu. Inna tana hango shi ta fara laluben inda za ta ɓuya. Ya bar kwanaki ya dawo, haka. Ya aske gemu. Ya canza irin kayan da yake sawa. Ya turo 'ya'yansa gaba ya biyo bayansu, ta rungume jikokin tana dariya, tana ɗaga kai ta gan shi ta saki yaran ta fara kuka. Matar da ba ta iya riƙe sunan unguwarsu, wadda take kiran cokali mabuɗi, ta riƙe wannan abu ɗaya ta ƙi saki. Likita ya ce ba shi da maganinsa, kuma duk shigowar Darakta tana taɓa zuciyarta. Ya ce a zaɓa.

Wannan karon Auta ba ta nemi Kawu ba. Ta ce wa yayanta iyakarsa baranda.

Fim ɗin ya fito. An haɗa kukan ranaku daban-daban ya zama kuka ɗaya, ba mai gane ɗinkin. An nuna shi a manyan ɗakunan kallo, mutane sun share hawaye, an tashi tsaye an tafa. Masu sharhi sun rubuta cewa ba a taɓa ɗaukar baƙin cikin uwa da gaskiya irin haka ba. Ba wanda ya tambayi sau nawa aka kashe mata ɗa kafin a sami wannan gaskiyar. Aka ba shi lambar yabo, ya ɗaga ta sama ya ce ta mahaifiyarsa ce. Ya kawo ta gida, Auta ta karɓa ta taga ta ajiye a kan firji.

Inna ba ta koma yadda take ba. Ta ƙara 'yan watanni, yawancinsu a kwance. Kuma ga abin da ya fi ci wa Darakta rai: ba ta manta tana da ɗa mai suna Ƙarami ba. Tana nemansa. Duk wanda ya zo dubiya sai ta riƙe masa hannu.

"Kun ga Ƙarami kuwa? Ya daina zuwa. Ban san laifin da na yi masa ba. Yaro ne mai tausayi, da ko ciwon kai na yi sai ya zauna a gefena. In kun gan shi ku ce uwarsa tana gaishe shi."

Yana zaune a baranda, bango ɗaya tsakaninsu, yana ji. Wata rana ya kasa daurewa ya amsa daga waje, ya ce ga shi nan. Ihun da ta yi ya sa maƙwabta suka fito. Bai ƙara ba.

Ranar da jikinta ya yi tsanani, da hantsi, dangi suka cika ɗakin. Kawu yana ciki, maƙwabciya tana ciki, har mai kyamara ya zo aka ba shi wuri. Inna ta buɗe ido ta bi fuskokin ɗaya bayan ɗaya, ta tambayi Ƙarami. Auta ta fito baranda ta same shi tsaye, takalmi a hannu.

"Tana kiranka," ta ce. "In ka shiga, da tsoro za ta tafi. Ka zaɓa."

Ya ajiye takalmin ya zauna a kan dakali.

Hukuncinsa ke nan, kuma ba kotu ce ta yanke ba. Uwarsa ta rasu tana kiransa, yana jin ta, bai isa ya amsa ba.